Zuwa ga Edita: Wai ba ku ganin masu jan waya ne?

Assalamu alaikum Malam Edita. Da fatan kana lafiya, ya aiki, ya haƙuri da mu masu karatu. Tun farko in faɗa maka ni ba marubuci ba ne, sana'ata hayar kayan sauti a nan cikin birnin Katsina, biki, walima, maulidi, taron siyasa, wa'azi, galar Sallah, duk inda ake son murya ta kai nesa to mu ake kira, kuma a waya nike buga wannan wasiƙa ina zaune bakin shago yarona na naɗe wayoyin da muka dawo da su daren jiya, don haka in ka ga magana ta yi tsawo ko ta karkace sai ka yi haƙuri ka gyara.

Abin da ya tayar da ni shi ne labarin da kuka kawo kwanakin baya a shafin nishaɗi kan tagwayen mawaƙan nan P-Square, wato Peter da Paul Okoye. Na karanta shi tas. Rigima ce daga sama har ƙasa, wane ya ce wane ya ce, maganar kuɗi, yayansu da ya daɗe yana riƙe masu harka, sun rabu a 2017, sun shirya a Nuwamban 2021 daidai lokacin da suka cika shekara 40, sun sake watsewa a 2024. Duk haka aka yi ban musa ba. Amma a tsakiyar labarin akwai layi ɗaya tal inda kuka ce bayan sulhun sun shelanta zagayen duniya na birane 100 a 2022, sai kuka wuce abinku kamar an ce sun je Charanci cin kasuwa sun dawo. Birane 100 fa Malam Edita! Ni nan na tsaya na aje wayar, don ni da nike ɗaukar sifika huɗu da miksa ɗaya, wato na'urar da ake jona makirfo da kayan kiɗa a daidaita sautinsu, daga Ƙofar Kaura zuwa Batagarawa sai na kwana biyu bayana na ciwo, na san abin da wannan layin ya ƙunsa, kuma na san ba mutum biyu ke yinsa ba.

Yaran nan a Jos aka haife su a 1981, a Jos suka yi sakandare, da rawa suka fara tun suna makaranta kafin waƙa ta fito da su. To a Satumban 2022 sai ga su a Landan cikin zauren Royal Albert Hall, ginin da aka buɗe tun 1871, mai cin mutum sama da 5,000. Irin wannan zauren ba a shigarsa da "Allah dai ya kai mu". Makonni kafin ranar tawagar mawaƙan ke aika ma masu zauren wata takarda, 'yan sana'a na ce mata rayida, a ciki an rubuta komai, makirfo nawa ake so kuma wane iri, wace miksa, layi nawa za a jona, ina mai ganga zai zauna, ina mai fiyano, faɗin dandamali nawa don masu rawa su samu wurin juyawa, wuta nawa kayan za su ja, har ruwan sha da tawul. Manyan sifiku da ƙarafan rataye fitilu ba a jirgi ake yawo da su gari gari ba, a kowane gari akwai kamfanin haya irin namu, sai dai nasu ya ci uban namu, shi zai karanta takardar ya kawo daidai abin da aka ce. Su masu wasan abin da ke jakarsu kayan kiɗan hannu ne da kwamfuta da filashi.

To wannan filashin shi ya fi ba ni dariya da takaici lokaci guda. Su ma filashi suke yawo da shi mu ma filashi. Nasu saitin miksa ne a ciki, mai sautinsu in ya iso sabon gari ya soka shi a miksar zamani sai duk ma'aunin da ya yi a garin baya ya dawo, ya ɗan gyara daidai da sabon zauren. Namu kuwa mawaƙin ne gaba ɗaya a ciki, da kiɗan da muryar da amshin da komai, shi dai jikinsa kawai ya kawo da gilashi.

Sai ƙananan abubuwan da ba wanda ke tunawa sai sun ƙona mashi kaya. Ƙarfin wutar lantarkin Amurka 120 ne, tamu nan da ta Ingila 230, ko bugun wutar ma ba ɗaya ba ne, su 60 mu 50, ka jona abu ba ka duba ba sai dai ka ji ƙauri. Makirfo mara waya kowace ƙasa da zangon da ta yarda a yi amfani da shi, wanda ya yi aiki lafiya a Legas wani garin sai ya riƙa kamo abin da ba a kira shi ba. Biza ma Amurka ba ta yarda ka shiga da ta yawon buɗe ido ka hau dandamali a biya ka, akwai ta masu wasa daban, kuma kowa a tawagar sai an yi mashi, mai ganga, mai jita, 'yan amshi, masu rawa, mai sauti. Akwai mutum guda a tawagar aikinsa kenan, takardu da otal da mota da ƙirga kawuna kada a bar wani a filin jirgi.

Ranar wasan kuma tun da safe ma'aikata sun shiga. A rataye sifiku a jere daga sama suna ɗan lanƙwasowa yadda na ƙasa zai bugi 'yan gaba na sama ya kai ma 'yan baya, a ɗaura fitilu, a haɗa allon majigi, a bi kowace waya a manne ta da ƙasa don kada mai rawa ya harɗe. Da la'asar a yi gwajin sauti zauren babu kowa, mai ganga ya yi ta dukan ganga ɗaya dum dum dum har sai mai miksa ya ɗaga mashi hannu sannan ya koma ta gaba, abin gajiya wallahi amma nan wasan yake. Kuma masu miksa biyu ne, ɗaya na zaune tsakiyar 'yan kallo yana jin abin da suke ji, ɗaya na gefen dandamali shi aikinsa kawai abin da mawaƙan ke ji a kunnensu, don mutumin da ke tsalle yana juyi yana waƙa in bai ji kansa ba to ya ɓace. Wannan ɗan abin da kuke gani a kunnensu ba ado ba ne. Mai ganga ma akwai wani ƙas ƙas da ke buga mashi a kunne don kada ya yi gaggawa ko ya ja, da shi ne fitilu da hoton majigi ke faɗowa daidai kan kiɗa, mutum na kallo ya ɗauka sa'a ce alhali an yi kwanaki ana maimaitawa.

Bari in ɗan ratse. Akwai wasu 'yan Faransa su ma su biyu, Daft Punk, masu sa hular ƙarfe kamar mutum-mutumi ba a ganin fuskarsu, sun daina tun 2021. A 2006 a bikin Coachella na Amurka suka fito cikin wata ƙatuwar dala ta fitilu, kamar dalar gyaɗar Kano ta da amma da wuta aka yi ta, su biyun na can tsakiya ko motsin kirki ba su yi, suka zagaya duniya da ita har 2007, kuma har yau masu harkar fitila na ba da labarinta. Wani yaro ɗan jami'a da ke taya ni aiki ranar Asabar shi ya nuna mani a YouTube, na ce mashi to ka gani, nan ko fuskar mawaƙin babu, aikin masu jan waya ne zalla mutane suka biya kuɗi suka zo kallo.

To yanzu mu dawo gida. Wata ƙaramar Sallah aka ɗauke ni gala a wani ɗakin taro nan cikin gari, ba zan faɗi wurin ba ba zan faɗi mawaƙin ba, ya san kansa. An ce ƙarfe 4. Ni tun 11 na safe na kai kaya, na roƙi mai shirya taron ya samo inji biyu, ɗaya na fitilu ɗaya na sauti, don in ka haɗa su kan inji guda duk sanda fitila ta canza sai ka ji zzzz a sifika, ya ce kai Malam kada ka ɗaga mani hankali ai inji inji ne. Na ce to mawaƙin ya zo ko minti 20 ne mu gwada muryarsa, aka ce yana hanya ya baro Kano. Bayan isha'i ya iso, ɗaki ya cika ya batse zafi kamar gidan burodi, yaronsa ya miƙo mani filashi ya ce lamba 3 za ka fara sakawa. Ko sallama. Na saka. Ana cikin waƙa ta biyu wani Alhaji ya taso liƙi, gogan naka ya sauke makirfo ya duƙa yana gaishe shi da hannu biyu, murya kuwa na ta rangaɗa waƙa a sifika ba ta san an tsaya ba, yaran baya suka fashe da dariya suna ihu. Can inji ya shaƙe ya mutu, ɗaki ya yi tsit ya yi duhu, mutane suka kunna fitilar waya suna cewa ya yi da baki, ya yi da baki, wallahi baiti ɗaya bai iya ja ba, ya juyo ya nuna ni da yatsa ya ce mai sauti ne ya ɓata wasa. Cikon kuɗina har yau ana kawowa.

Na taɓa bin wata tawaga Maraɗi ta Jibiya, kafin rufe bodar 2023, shi ma wai zagayen ƙasashen waje ne a fosta. Ba takardar kaya, ba jerin abin da muka ɗauko, muka yi awowi a boda ana sauke sifika ana mayarwa, muka isa an riga an buɗe ƙofa mutane na zaune, a gabansu muka ja waya. Mutanen Maraɗi kuwa Allah ya saka masu, sun biya kuɗinsu, sun zo da iyalansu, sun san waƙoƙin nan fiye da mai su. Haka Damagaram haka Yamai, haka zangon Kumasi da Akara, duk inda Bahaushe yake kasuwar mawaƙanmu na nan tana jira, ba masu saurare muka rasa ba. Abin da muke kai masu ne bai kai kuɗin da suka biya ba.

Kada a ce na wanke kaina, mu ma masu kayan da laifinmu. Yawancinmu ba wanda ya koya mamu, mun tashi mun ga ubangida na murɗa komai zuwa ƙarshe mu ma muka murɗa, in jar fitilar amfilifaya ba ta kama ba gani muke ba a fara aiki ba. Mu cika amsa-kuwwa a makirfo har mai magana ya zama kamar yana cikin rijiya. Mu kafa sifika bayan mai magana sannan in ta yi wannan kukan mai tsaga kunne mu hau zagin makirfo, alhali sautin ne ke fita ya sake shiga ya yi ta zagaye, matsar da sifikar gaba kawai ya isa. Masana lafiya na cewa ƙarar da ta wuce 85 a ma'aunin ƙarfin sauti in aka daɗe cikinta tana cin kunne, mu kuwa a biki yara ƙanana ke rawa dab da bakin sifika, ni kaina kunnena na hagu in dare ya yi sai ya riƙa yi mani wani siririn kuka, uwargida sai ta maimaita magana sau biyu, ita ta ɗauka raini ne.

Abin da ke ƙara ba ni haushi shi ne wannan tsarin ba baƙonmu ba ne, muna da shi muka yar. Mu nan ƙasar Katsina wa zai koya mamu wasa kai tsaye? Alhaji Mamman Shata, haifaffen Musawa, wanda Jami'ar Ahmadu Bello ta ba digirin girmamawa a 1988, ya rasu 1999 aka rufe shi a Daura, shekara nawa ya yi yana zagaya garuruwa har ƙetaren iyaka da makaɗan kalangu da 'yan amshinsa? Ba filashi ba kwamfuta. Ya ga mutum a fili ya ƙirƙiri baiti nan take, makaɗa su bi shi, ya ɗaga murya su ɗaga ya sauke su sauke, in inji ya mutu waƙa ba ta mutu ba don a bakinsa take. Kuma ba kara zube suke ba, kowa ya san mazauninsa, akwai mai jan kiɗa, akwai masu amsawa, akwai sanƙira mai gabatar da mutane. Mahaifina Allah ya jiƙansa yakan ce kafin Shata ya fito makaɗa sun daɗe suna ɗaure kalangu suna gwada shi, to mi ye wannan in ba gwajin sauti ba?

Ko hawan Sallah ka duba. Ka tsaya Ƙofar Soro ranar hawa, ko washegari a hawan bariki, ko ka je Daura hawan Magajiya. Dawaki ɗaruruwa, kowane hakimi ya san bayan wa yake, 'yan lifida sun san wurinsu, dogarai, 'yan bindiga sun san lokacin da za su saki, masu kakaki da algaita da tambari ba mai busa kan na wani, an yi kwanaki ana gyaran kayan doki ana ɗinki ana wanki, a zo jahi a tsaya cak gaban Sarki. Wannan in Bature ya gani sai ya buɗe baki, har UNESCO ta sa hawan Kano cikin jerin al'adun duniya a 2024. Mutanen da ke iya tsara wannan duk shekara sau biyu a ce sun kasa tsara mutum ɗaya da makirfo ɗaya a ɗakin taro? A'a, ba rashin iyawa ba ne, raina abin muka yi, da mai waƙar da mai shiryawa da mai liƙin duk mun yarda cewa hayaniya ta wadatar.

Na san wasu za su ce wannan mutumin ya rasa abin rubutawa sai kiɗa da rawa, ana fama da tsadar masara da rashin tsaro. Gaskiyarsu, ni ma a garin nike, kuma ban ce a kwaso mamu shigar masu rawar P-Square a kawo Katsina ba, Allah ya kiyaye, kowa da tarbiyyar gidansu. Amma ilimin sauti bai san waƙa ba bai san wa'azi ba. Kayan da na kai gala ran Asabar su nike kaiwa tafsiri da azumi, su nike kaiwa musabaƙa, su ke zuwa ɗaurin aure. Wa bai taɓa tsayawa sahun baya a filin Idi ya ji kabbarar liman sau biyu sau uku ba, har ya rasa wacce zai bi? Dalilin ƙarami ne, sauti na tafiyar kusan mita 340 a daƙiƙa, wuta a cikin waya kuwa nan take take isa, don haka lasifikar da ke kusa da kai ta riga ta yi magana kafin muryar ta gaba ta iso ta iska, in tazarar ta kai mita 100 kusan kashi ɗaya cikin uku na daƙiƙa ne tsakaninsu, kunne kuma na jin wannan sarai. Masu manyan wasannin nan sun daɗe da maganinsa, ɗan jinkiri suke sa ma sifikun baya sai duk su faɗo tare, kuma na'urar ba wata tsada ce da ta fi ƙarfin kwamitin masallaci ba. Ni a bidiyon masu haɗa dandamalin mawaƙa na koyi wannan, na gwada a wani wa'azin unguwa, wani dattijo ya zo bayan an tashi ya ce mani yau ne ya ji karatun malam daga farko har ƙarshe. Ban gaya mashi inda na samo ba.

To Malam Edita roƙona gare ku 'yan jarida. In za ku ba da labarin irin wannan zagayen, na 'yan Kudu ne ko na Turawa ko na namu, ku daina tsayawa kan wa ya zagi wa da wace mota aka shigo da ita. Ku tambayi mawaƙi mutum nawa ke tawagarsa, ya yi gwaji ko bai yi ba, da bakinsa ya yi ko filashi ne, in filashi ne a rubuta a fosta mutane su san abin da za su saya. Ku tambayi mai shirya taro ko ya biya masu kaya. Yaranmu da ke karatun lantarki a kwalejojin kimiyya da fasaha su san akwai abinci a nan, ba sai gyaran fanka da wayarin ɗin gida kaɗai ba, mai haɗa fitila da mai miksa na manyan mawaƙan nan da fasfo suke yawo. Su kuma mawaƙanmu masu tasowa, ko mai fiyano ɗaya da mai kalangu ɗaya da 'yan amshi biyu ne ku fara da su, ku zo da wuri, wallahi ni dai in mawaƙi zai zo gwaji ƙarfe 4 zan rage mashi kuɗin haya.

In kuna da wakili a Katsina ku turo shi Sallah mai zuwa, amma kada ya zo da dare lokacin da manya suka zazzauna, ya zo da hantsi sa'ad da muke sauke kaya daga a-kori-kura, ya sa tufafin da ba ya jin tausayinsu don sai ya kama mamu sifika, ya taho da auduga ta toshe kunne. Abincin rana ni zan saya.

Na gode, a gaida ma'aikata.

Naku,
Mai hayar kayan sauti,
Ƙofar Kaura, Katsina.